Wayar da Ba Ta Je Kotu Ba

A unguwarsu, in aka ce Mai Kunne ba wanda zai tambaya wane ne. Ba wai kunnuwansa sun fi na kowa girma ba. Nasa ƙanana ne ma, kuma kamar na yawancin magidanta, ba su cika jin maganar gida ba. Daga aikinsa sunan ya fito. Mai gyaran wuta ne, kuma duk inda ya haɗa waya da waya ya naɗe da baƙin salatef, sai ya lanƙwasa ƙarshen salatef ɗin ya bar ɗan kunne, don wanda zai zo gyara bayansa ya samu abin kamawa, kada ya tsaya ƙwaƙula da farce.

"Wanda zai zo bayanka ma ɗan wani ne," haka yake gaya wa masu koyon aiki a wurinsa.

Abin da ya tara a duniya ba shi da wuyar lissafi. Akwai shago mai faɗin tabarma biyu, cike da matattun fankoki masu jiran tashin ƙiyama. Akwai babur wanda sai an roƙe shi yake tashi. Akwai mata ɗaya da 'ya'ya da suka fara barin gida. Sai kuma suna. Sunan nan shi ne gidansa, shi ne gonarsa. Ba a taɓa jin gidan da ya haɗa wa wuta ya yi gobara ba, kuma ba a taɓa jin ya kewaye wa wani mita ba, wato ya ja waya ta bayanta don wuta ta shiga gida ba da sanin kamfani ba.

Akwai labarin wani mai kuɗi da ya taɓa kiransa, ya sa aka kawo masa shayi da madara, sannan ya yi ƙasa da murya ya nemi a ɗan rufe wa mita ido. Mai Kunne ya ajiye kofi, ya tattara filaya da sukundireba, ya fice ko sallama babu. Labarin ya zagaya unguwa, galibi ta bakin Mai Kunne da kansa. Matarsa ta lura cewa duk shekara mai kuɗin yana ƙara kuɗi, shayin kuma yana ƙara kauri.

Cikin duk waɗanda suka koyi aiki a hannunsa, Bahago ne ya gaje shi. Da hagu yake riƙe filaya, don haka kunnen salatef ɗinsa ɗaya gefen yake kallo, bayan wannan ba ka raba aikinsu. A wajen tsari ma ya fi maigidan nasa. Mutum ne da zai ware ƙusoshi gwangwani-gwangwani, ya manna wa kowanne suna. Daga baya ya koma makaranta, ya samu aiki a kamfanin wuta, har ya zama shugaban masu zagayen duba mita. Ya yi aure, ya yi gemu, amma in ya biyo ta shagon da rigar kamfani, sai ya cire hular kwano ya durƙusa ya ce, "Maigida, barka da aiki." Mai Kunne kan bar shi a durƙushe ya ɗan jima, don maƙwabta su samu su gani.

Mutum ɗaya ne Mai Kunne ba ya iya haɗa ido da shi, yayansa. Ubansu ya rasu yana ƙarami, Yaya ne ya yi dako a kasuwa ya ciyar da shi, shi ya kai shi koyon sana'a, shi ya saya masa filayarsa ta farko. Yaya ba ya gori sai in ya ga dama, sai dai yana yawan ganin dama. Da girma ya zo masa, ya buɗe shagon ƙanƙara, ya jera firizoji kamar shanu a turke, suna gurnani dare da rana suna cin wuta.

Wata rana da zafi ya aika a kira ƙanen nasa.

"Ƙanena, waɗannan dabbobin za su cinye ni da raina."

"Yaya, ka kashe biyu mana, ka bar sauran."

"In kashe biyu? Kai ka yanke yatsunka biyu mu ga yadda za ka riƙe filaya. Abin da nake so kaɗan ne. Mitar nan ta cika sa ido. Ka yi yadda za ta ga rabi, ta kau da kai daga rabi."

"Yaya, ai ka san ba na yi."

"Na sani. Kowa ya sani. Shi ya sa ba wanda zai kawo ka a ransa."

Mai Kunne ya tsaya kallon ruwan da ke ɗiga daga murfin firiza. Yaya ya yi ajiyar zuciya irin ta wanda ya yi dako.

"Shi ke nan, Allah ya ba da haƙuri. Zan kira Ƙona-Gari."

Ƙona-Gari wani mai gyaran wuta ne a bayan kasuwa, wanda yake haɗa waya da haƙori ya naɗe da leda, kuma ba a banza ya samu sunansa ba. Mai Kunne ya hango shagon yana ci da wuta, ya hango mutane suna cewa ai shagon yayan Mai Kunne ne. Nan take ya samu abin da zai gaya wa zuciyarsa: ba sata zai yi ba, gobara zai hana. Zuciya kuwa in ta samu irin wannan dalili, ba ta tsayawa tambayar inda aka samo shi.

Da rana tsaka ya yi aikin, ƙofa a buɗe, mutane suna shiga suna sayen ƙanƙara. Ba wanda yake tambayar mutumin da ke ɗauke da tsani. Ya zaɓi waya mai kauri, jan ƙarfe zalla, ya bi da ita ta wani lungu a bayan firizoji inda mutum ɗaya kawai ke iya shiga, shi ma a karkace. Sai da ya gama ya haska tocila ya ga abin da yatsunsa suka yi ba da shawararsa ba: kowane haɗi da ɗan kunnensa, a tsaye cas. Ya yi tunanin ya yanke su. Sai ya ƙara haskawa, ya ga aikin ya yi kyau ƙwarai, ya ji ba zai iya ɓata shi ba. Ya mayar da murfi.

Bayan 'yan makonni matarsa ta ce masa, tana ninke kaya, "Malam, kwana biyu ban ji labarin mai kuɗi da shayi ba. Ko ya rasu ne?"

"Ke dai ba kya rasa magana."

"A'a, na saba ne. Ko rediyo aka daina wani shiri ai a tambaya."

Rana dubu ta ɓarawo. Ranar mai kaya ta zo da farar mota, da ma'aikata, da ɗan sanda ɗaya wanda ya nemi inuwa ya tsaya. Suka cire fis ɗin mita, firizoji suka ci gaba da gurnani kamar ba da su ake ba. Shugaban ma'aikatan ya karɓi tocila ya kutsa lungun nan shi kaɗai. Ya jima a ciki. Da ya fito, firizoji sun yi tsit, waya tana naɗe a hannunsa. Bahago ne.

Aka tafi da Yaya, aka ba da belinsa, aka sa ranar shari'a. Mai Kunne ya daina cin abinci yadda ya saba. Ba ɗauri ne ya fi tsaya masa a rai ba. Abin da yake gani, ko ya rufe ido ko ya buɗe, shi ne teburin kotu, da wayarsa a kai, da kunnuwan nan a tsaye suna gaida jama'a. Ba sai an kira sunansa ba. Ko yaron da ke sayar da ruwa a unguwar ya san aikin wane ne. Mai kaza a aljihu ba ya jimirin as: in farar mota ta wuce ƙofar shagonsa sai ya duƙa yana neman abin da bai faɗi ba.

Yaya ya ɗauki lauya, wani gajere mai ƙamshin turare da murmushin da ba ya kaiwa ido. Lauyan ya zo shagon da kansa, ya share kujera da hankici kafin ya zauna. Mai Kunne ya buɗe baki zai fara bayani, lauya ya ɗaga hannu.

"Baba, tsaya. Kada ka gaya min abin da ban tambaye ka ba. Kunnena yana da tsada, kuma abin da ya shiga ba ya fita."

Ya gyara zama ya yi masa karatu. Ya ce kotu ba ta aiki da "kowa ya sani". Wanda ya kawo ƙara shi zai nuna cewa wuta ta bi ta bayan mita, ya nuna cewa abin da ya ajiye a gaban alƙali shi ne ainihin abin da aka ciro daga bangon nan, ya faɗi hannun da ya bi da hannun da ya karɓa tun daga shago har teburin kotu. Sai hujja ta kai inda ba sauran kokwanto kafin a ɗaure mutum.

"Kamar igiyar guga ce, Baba. In ta tsinke wuri ɗaya, ba ruwan rijiya da cewa sauran igiyar sabuwa ce. Yanzu dubi wannan. An bar ni na ga abin da za su kawo."

Ya miƙo wayar hannunsa da hoto a kai. Mai Kunne ya karɓa, ya nisanta ta da idonsa, ya kusanto. Hoton wata 'yar siririyar wayar wuta ce, ta ƙone gefe ɗaya, an ɗaure haɗinta da yagaggiyar leda. Ko Ƙona-Gari zai ji kunyar amsa ta.

"Wannan za ta iya ɗaukar firizojin yayanka?"

"Wannan? Ko dutsen guga aka sa mata sai ta narke."

"Madalla. Abin da za ka faɗa ke nan, kada ka ƙara ko gishiri. Yaron kamfanin nan ya yi mana aiki. Bai ɗauki hoto ba, bai manna suna ba, ya jefa a buhu cikin tarkacen wasu gidaje. Irin sakarcin da muke addu'ar samu ke nan."

Da lauya ya tafi, Mai Kunne ya zauna yana kallon gwangwanayen da ke kan kanta. Har yanzu da rubutun Bahago a jikinsu, mai karkata hagu: ƙanana, matsakaita, masu kan tauraro. Mutumin da ya raɗa wa ƙusa suna ba zai manta ya sa wa hujjar kotu suna ba. Bahago ya shiga lungun nan, ya haska tocila, ya ga kunnuwa, ya gane hannun da ya yi su. Ba sakarci ya yi ba. Ɓoye wayar ya yi, ya kai wata.

Abin da Mai Kunne ya fara ji, kuma wannan ne bai taɓa gaya wa kowa ba, daɗi ne. Wani sanyi ya sauko masa tun daga wuya har gwiwa. Kunyar daga baya ta iso, ta samu wuri ta zauna.

Ya je ya ce wa Yaya ba zai yi shaida ba. Yaya ya dube shi sama da ƙasa.

"Ƙarya aka ce ka yi?"

"A'a."

"To gaskiyar ce take maka nauyi? Ni da na ɗauki buhu a kaina don ka ci, yau kai ba za ka iya ɗaukar gaskiya zuwa kotu ba?"

Ranar shari'a Mai Kunne ya sa fararen kaya ya tafi. Ɗakin kotun bai kai yadda ya zata ba: benci, teburi, taga mai ƙura, da fankar sama da ke juyawa tana ƙara. Da jin ƙarar ya san abin da ke damunta, ya ji dama a ba shi tsani ya hau can ya zauna har a tashi. Rabin unguwa sun zo. Mai shari'a mace ce mai tabarau, tana rubutu ba ta ɗaga kai. Mai gabatar da ƙara kuwa wani dogo ne da tarin fayil a gabansa, da ganinsa ka san wannan ce shari'a ta kaza da zai yi kafin azahar.

Ma'aikata biyu suka shaida cewa an cire fis amma sun ci gaba da jin gurnani. Lauya ya tambaye su ko sun san mai shagon da ke jikin na Yaya yana da janareto. Suka ce sun sani. Ya tambaye su ko kunnensu yana da mita. Aka yi dariya. Ɗan sanda ya shaida cewa yana wurin, kuma da aka matsa masa ya yarda cewa wurin da yake akwai bishiya.

Sai aka kira Bahago. Ya rantse, ya tsaya da rigar kamfani a goge, ya kafa idonsa a bango. Lauya ya taso a hankali kamar kyanwa ta ga tsuntsu mai karyayyen fiffike.

"Kai ne shugaba?"

"Ni ne."

"Kai kaɗai ka shiga lungun?"

"Wurin mutum ɗaya ne."

"Ka ɗauki hoto kafin ka yanke?"

"Ban ɗauka ba."

"Wayar hannunka ba caji?"

"Da caji."

"Ikon Allah. To da ka yanke, ka rubuta sunan shago ka manna?"

"A'a."

"Ka sa wani ya sa hannu cewa ya gani?"

"A'a."

"Ina ka ajiye ta?"

"A buhu, a bayan mota."

"Ita kaɗai a buhun, tana hutawa?"

"Akwai wasu."

"To da aka ce ka kawo hujja, yaya ka gane ta? Ta amsa sallama?"

"Na ɗauko wadda na ga ta yi kama."

"Ta yi kama!" Lauya ya juyo ga jama'a ya buɗe hannu. "Ranki ya daɗe, da kama ake ɗaure mutum, da ni kaina an ɗaure ni tuntuni, don an ce ina kama da wani kawuna." Ya bari dariya ta lafa, sannan ya juya. "Malam, don Allah wa ya koya maka aiki?"

Lauya bai san amsar ba, don ado kawai ya yi tambayar. Amma rabin ɗakin sun sani. Mai Kunne ya ji benci ya yi masa zafi. Bahago bai waiwayo ba.

"Wanda ya koya min ya koya min daidai," ya ce. "Sakacin nawa ne."

Bayan shi aka kira Mai Kunne. Lauya ya gabatar da shi kamar mai tallan turare: dattijo, gwani, mutumin da duk unguwa ta shaida bai taɓa karkata ba. Aka miƙo masa wayar a cikin leda. Ya juya ta, ya faɗi kaurinta, ya faɗi abin da za ta iya ɗauka da abin da ba za ta iya ba, ya ce bai taɓa ganinta a shagon yayansa ba. Ya rantse zai faɗi gaskiya, kuma duk abin da ya fito daga bakinsa gaskiya ne. Bai taɓa sanin ana iya jera gaskiya ɗaya bayan ɗaya a gina ƙarya da ita ba, sai ran nan.

Mai gabatar da ƙara ya miƙe yana duba agogo.

"Kai ka sa wa shagon wuta tun farko?"

"Ni ne."

Mai Kunne ya riƙe katakon gabansa. Tambaya ɗaya ta rage, kuma ya san ta: ka taɓa jan wata waya ta bayan mitar? Ya rantse, kuma bai san abin da bakinsa zai yi ba. Dogon ya ɗaga ledar sama.

"Wannan aikinka ne?"

"Allah ya sawwaƙe!"

Da ƙarfi ta fito, da zafin rai na gaske, irin na gwanin da aka zaga. Ɗaki ya fashe da dariya, har magatakarda ya sunkuyar da kai. Wani daga baya ya ce, "Ina kunnen?" aka ƙara fashewa. Mai gabatar da ƙara ya ce ba shi da sauran tambaya, ya jawo fayil na gaba. Mai Kunne ya sauko, kuma a hanyarsa ta komawa benci sai da ya wuce ta gaban Bahago. Bahago ya janye ƙafafunsa ya ba shi hanya.

Da ranar hukunci ta zo, mai shari'a ba ta ja magana ba. Ta ce ita ba ta ce ba a sha wuta a shagon nan ba, cewa ta yi ba a nuna mata ba. Ta ce akwai zato, zato mai ƙarfi ma, amma ba a ɗaure mutum da zato ko da ya zama gaskiya. Ta sallami Yaya. Ta ƙara da cewa ya kamata kamfani ya duba irin mutanen da yake damƙa wa amanar hujja. Ta cire tabarau ta goge, kuma Mai Kunne ya rantse shi ta kalla, ko da yake kowa a ɗakin zai iya rantsewa haka.

Yaya ya raba wa unguwa ƙanƙara kyauta, yana cewa, "Ƙanena ya wanke ni tas!" Kamfani kuwa ya ji shawarar kotu. Aka sauke Bahago daga shugabanci, aka mayar da shi cikin masu hawa falwaya suna yanke wa mutane wuta, aikin da ake yi a rana, ana shan zagi daga ƙasa. Mutane suka riƙa zuwa shagon Mai Kunne suna yi masa jaje.

"Wallahi yaron nan ya ba ka kunya. Duk wahalar da ka sha a kansa."

"Albasa ba ta yi halin ruwa ba."

Shi kuwa sai ya ce, "Uhm," ya ci gaba da kwance fankar da ba abin da ya same ta.

Matarsa ce ta gaji. Wata safiya ta ajiye masa shayi ta tsaya a kansa.

"Malam, ni ban yi karatu ba, kuma ban tambaye ka komai ba. Amma matar Bahago ta haihu, ba ka je barka ba. In kana jin nauyin zuwa, nauyin rashin zuwa ya fi."

Da la'asar ya lallaɓa babur ya tafi. A hanya ya shirya maganarsa: zai je kamfani, zai je kotu in ta kama, zai ce shi ya yi. Ya maimaita ta har ta fara yi masa daɗi a baki, ya fara hango yadda labarin zai zagaya unguwa, ya zarce na mai kuɗi da shayi.

Gidan haya ne, ɗaki biyu da ɗan tsakar gida. Matar Bahago ta gaishe shi, "Sannu da zuwa, Baba," ta shimfiɗa masa tabarma, ta kawo ruwa, ta koma ɗaki. Bahago ya fito, ya yi baƙi, wuyansa ya sale da rana. Ya durƙusa.

"Maigida, barka da zuwa."

"Tashi, tashi don Allah."

Da Mai Kunne ya ɗaga kai don kada su haɗa ido, sai ya gan ta. An ja ta daga ƙusar bango zuwa sandar rumfa, an shanya kayan jariri a kai, 'yan riguna da 'yan safa suna ɗiga. Waya mai kauri, jan ƙarfe zalla. Ga haɗin nan a kusa da bango, ga ɗan kunne a tsaye, yana kallon dama.

Bahago ya bi idonsa da kallo.

"Kai ka ce waya mai kyau ba a yar da ita."

Mai Kunne ya kurɓi ruwa. Ya fara maganar da ya shirya, ta fito a guntule, ba ta yi kama da ta kan babur ba. Bahago ya saurara har ƙarshe, kansa a ƙasa.

"Maigida, in ce wani abu?"

"Faɗi."

"Yanzu ni sakarai ne. Sakarai ana rage masa matsayi, ya ci gaba da ciyar da iyalinsa. Ranar da ka buɗe baki, na zama wanda ya ɓoye hujja ya yi rantsuwar ƙarya. Wannan ba falwaya ake kai shi ba." Ya nuna ɗakin da jaririn ke kuka. "In kana so ka taimake ni, ka ci gaba da zama yadda mutane suka san ka."

"To me ya sa ka yi? Wa ya sa ka?"

"Na haska na ga aikin. Ya yi kyau, Maigida. Ban taɓa ganin an yi irinsa da kyau haka ba."

Ba da gatse ya faɗa ba, kuma wannan ya fi ciwo. Mai Kunne ya shiga ya ga jariri, ya yi addu'a, ya fito. Don ya kai ƙofa sai da ya sunkuya ya bi ta ƙarƙashin shanyar, wata 'yar safa ta ɗiga masa ruwa a wuya.

Sunansa bai taɓa kaiwa inda ya kai bayan shari'ar nan ba. Har daga wasu unguwanni ake zuwa neman dattijon da kotu ta yarda da maganarsa. Wani lauya ma ya zo neman ya riƙa yi masa shaida, Mai Kunne ya ce ba shi da lafiya. Bai ƙara ba da labarin shayi ba, kuma in farar mota ta tsaya a gindin falwaya, yakan sauya hanya don kada wanda ke sama ya ce zai sauko ya gaishe shi.

Abu ɗaya ya yi ƙoƙarin yi wa kansa: ya daina barin kunne. Yakan naɗe salatef ya manne ƙarshensa lif, kamar kowa. Bai yi nisa da hakan ba. Wata tsohuwa da ya gyara wa soket ta sa jikarta ta haska mata, ta duba, ta kira shi tun bai kai ƙofa ba.

"Malam, dawo. Ina kunnen?"

"Hajiya, ai aikin ɗaya ne."

"A'a. Ni Mai Kunne na aika a kira min, mutumin kirki, ba wani ba. In wani ya zo bayanka, ta yaya zai san kai ka yi?"

Ya dawo ya durƙusa a gaban soket ɗin. Ya ɓare ƙarshen salatef da farce, da ƙyar, ya lanƙwasa. Tsohuwa tana tsaye a kansa tana sa masa albarka, shi kuwa bai ɗago ba har ta gama.